Masu Ja Sun Dawo Su Kaɗai

Hawkesbury, 9 ga Yuli, 1944

Ɗana Reuben,

Gaisuwa daga kan ruwa, da fatan takardar nan za ta same ka cikin ƙoshin lafiya. Mu ma lafiya. Tarin ƙurar kwal bai saki babanka ba, amma yana cin abinci. Ni gwiwata ta hagu ce kawai.

Duba rubutun nan da kyau. Ba wanda ya rubuta mini, hannuna ne. Cikin matan birni da suka zo aikin jirgin ruwa tun da maza suka tafi yaƙi akwai wata Malama Prudence. Ita ba ta iya ɗaurin igiya ba, ni ban san baƙi ba, sai muka yi musaya. Sai da na shekara arba'in da tara sannan na ga yadda sunana yake a takarda. Babanka ya leƙo ya ce, "Keziah, wannan harafin naki na farko da ƙugiyar jirgi duk ɗaya." Na ce, "To kai naka ina yake?" Ya koma wajen injinsa.

Wasiƙunka uku na tarar a ofishin da ke bakin ƙofar ruwa, inda ake tare ruwa a ɗaga jirgi ko a sauke shi. Sun yi mako biyu suna jiranmu, mun kai kwal Landan. Kowace sai ta ci mini yini, amma ni nake karanta abina yanzu, in kuma karanta wa babanka.

Ga abin da ya sa na ɗauki fensir. Innarka Beulah ta zo daga Banbury ta same mu. Tun da na ba ta kai kana shekara bakwai don ka yi makaranta, ita ke fara jin komai naka, ni sai abin da ya rage. Ta ce ka bar tuƙin motar soja ka koma jirgin sama, har an ba ka muƙamin saje. Ta kuma ce jirgin naka ba shi da inji. Na ce mata ba ta ji da kyau ba. A wasiƙunka uku ka ba ni labarin abinci da ruwan sama da takalmi, ba ka ce komai a kan wannan ba.

Ka faɗa mini gaskiya, da manyan baƙaƙe.

Mahaifiyarka,
Keziah Roffey

*

20 ga Yuli, 1944

Mama,

Na gaishe ki, na gai da Baba. Lafiyata ƙalau, har na yi ƙiba.

Da na buɗe takardar na ga rubutunki, sai na zauna a bakin gado na ƙura masa ido. Abokin tuƙina, wani ɗan Wales mai surutu, Gwilym Pugh, ya ce, "Kai ɗan ruwa, budurwa ce ta kore ka?" Na miƙa masa. Ya karanta, ya cire hularsa, ya ce in gaya miki rubutunki ya fi na kwamandanmu karantuwa.

Inna Beulah ta ji daidai. Amma kada ki tsorata, Mama, domin duk Ingila ba wadda za ta fi ki gane aikina. Bati ne, irin jirgin da ake ja da igiya. Yadda Baba yake gaba a jirginsa Linnet da injinsa, ke kina baya a naki Marigold ba inji, igiya ce kawai tsakaninku, haka muke. Babban jirgi mai inji huɗu ne ke jan mu. Namu na katako ne, masu ƙera kujeru da kabad ne suke yin sa. Ki gaya wa Baba, na san zai yi dariya. Muna ɗaukar soja ashirin da biyar, ko ƙaramar mota da bindigarta. Ba fetur a ciki, saboda haka ba ma tsoron gobara kamar na gaba.

Wahalar ita ce zama a bayan mai ja. Iskar da yake watsowa tana jijjiga mutum kamar ruwan da farfela ke turowa. Ɗalibai da yawa sun sha zagi a kan haka. Ni a hawa na biyu malaminmu ya juyo ya ce, "Roffey, gidan uban wa ka koyi bin igiya?" Na ce, "Ba gidan uba ba ne, ranka ya daɗe, wajen uwata ne." Ina tuna yadda kike kaucewa gefe kaɗan, kina kallon igiyar ba jirgin Baba ba.

In mun iso inda za mu, sai in ja ƙarfe in saki igiya. Nan take komai ya yi tsit, sai iska. Daga nan da sauran gudun da ya rage nake sauka, yadda kike shiga ƙofar ruwa bayan Baba ya sake ki. Sau ɗaya ake yi. Ba a cewa bari in zagayo.

Gwilym yana waƙar coci duk lokacin sauka. Na ce masa in Jamusawa ba su harbe mu don yaƙi ba, za su harbe mu don muryarsa.

In kin ga an yanke wani layi da reza, mai tace wasiƙu ne, ba wani abu ba.

Ɗanki,
Reuben

*

Braunston, 13 ga Agusta, 1944

Reuben,

Muna lafiya, Allah ya sa kai ma haka. Takardarka ta kwantar mini da hankali. In bati ne, ai na san bati.

Babanka ya yi dariya har tari ya sarƙe shi. Ya ce, "Na haifi ɗa, na sa shi makaranta, ya ƙare a tuƙin kabad." Amma a Braunston ba wanda bai tsayar ya gaya wa ba.

Ka saurare ni. Igiyar nan ka riƙa bin ta da hannunka daga kai zuwa kai kafin ku tashi. Kada ka yarda da idon wani. Kada a naɗe ta da jiƙa. Sannan wane ne mai janka? Mutum ɗaya ne kullum, ko canzawa ake yi? Yana waiwaye? Mai inji da ba ya waiwaye ba mutumin kirki ba ne. Shekara talatin ina bayan babanka, ko faɗa muka yi da safe, ba ya shan kwana bai juyo ya ga na biyo ba.

Ka san dokar ruwa. Mai inji ba ya barin batinsa. Ya sake ka a ƙofa, ya jira ka a ƙasa, ya ɗauki igiya ku ci gaba. Tun da nake sau ɗaya na ga an karya wannan, lokacin da Jethro Coles ya yi fushi ya bar matarsa a nan Braunston da jirgi cike da kwal. Shekara biyu ba wanda ya amsa gaisuwarsa a kan ruwa.

To abin da ba ka faɗa ba ke nan. In kun sauka kuna sauke kaya, a ina mai ja yake jiranku? Kuma yaya ake ɗaura igiyar ta komowa? Ka gaya masa kada ya yi nisa.

Na saƙa maka safa. Gwilym ma ga tasa, ban san girman ƙafarsa ba.

Mahaifiyarka

*

6 ga Satumba, 1944

Mama,

Ina gaisuwa, lafiya lau nake. Safa ta iso. Ta Gwilym ta yi masa yawa, ya ce zai sa duka ƙafafunsa a ɗaya ya ajiye ɗayar don bikinsa.

Igiya ina dubawa kamar yadda kika ce. Masu ɗaura ta har sun fara ce mini Kaka. Mai janmu wani ɗan Kanada ne, Lorne, mutumin kirki. Akwai wayar magana da aka murɗa cikin igiyar, muna jin juna. Ba ya iya waiwaye, amma akwai mai bindiga a wutsiyar jirginsa da ke fuskantarmu duk tafiyar. Har hannu yake ɗago mini.

Maganar komowa kada ta dame ki. An tsara komai. Akwai masu zuwa ɗaukarmu, kwana biyu ko uku ne.

Kwanakin nan sai a ce mu yi lodi, mu yi, a ce mu sauke. Mutane sun gaji da jira. In kin ji shiru na ɗan lokaci, aiki ne. Ki ci gaba da rubutu, duk za su same ni.

Ki ce wa Baba ya riƙa ɗaura ƙyalle a hanci in ana lodi.

Reuben

*

Berkhamsted, 19 ga Satumba, 1944

Reuben ɗana,

Ban san inda wannan za ta same ka ba. Mu dai ga mu.

Ranar Lahadi da hantsi muna hawan ƙofofin nan, sai na ji ruwa yana rawa a bokiti. Na ɗaga kai. Ban taɓa ganin abu irin wannan ba. Sama ta cika daga wannan gefe zuwa wancan, bibbiyu bibbiyu, mai ja a gaba, na katako a baya, igiya tsakani siririya kamar zare. Mutane suka fito daga coci da littattafansu a hannu. Babanka ya kashe inji a tsakiyar hanya, abin da bai taɓa yi ba. Ya tsaya a kan murfin jirgi yana cewa, "Wanne ne? Keziah, wanne ne namu?" Kamar ni zan sani. Na zaɓi wani da ke zaune daidai a bayan mai jansa, ba ya lilo, na ce wancan ne. Na ɗaga masa tawul har ya ɓace.

Da la'asar muka sake jin ƙara. Na fito da gudu da gari a hannuna. Masu ja ne. Su kaɗai. Ba ko ɗaya da ke da wani abu a bayansa.

Babanka ya ce, "Ai sai an sauke kaya. Gobe za su koma su ɗauko su." Na tuna ka ce kwana biyu ko uku, sai na yarda.

Litinin suka sake wucewa, amma kowanne da sabon jirgi a bayansa. Na ce wa babanka, "In sun tafi ɗauko na jiya, da wace igiyar za su jawo su?" Ya juya ya koma wajen inji. Da yamma suka dawo su kaɗai.

Tsoho Pargeter mai kula da ƙofa yana tsaye kusa da ni, shi ya yi soja a babban yaƙin farko. Na tambaye shi yaushe ake komawa ɗauko na baya. Ya dube ni ya ce, "Ɗauko su? Haba, uwargida. Ai tafiya ɗaya suke yi. A fille wutsiya a fitar da kaya a bar gangar a gona. Direbobin kuma su ɗauki bindiga su shiga rami kamar kowa, har sojan ƙasa su iso." Sai ya ga fuskata. Ya ce, "Kina da wani a ciki?" Babanka ya ce, "Buɗe mana ƙofa, Pargeter."

Na ɗauko takardarka na bi layin da yatsa. Akwai masu zuwa ɗaukarmu. Ba ka yi mini ƙarya ba. Ni ce na ƙara abin da ba ka rubuta ba, kai kuma ka san zan ƙara.

Ba fushi nake yi ba. Amma da na sani ranar Lahadi, da ban tsaya zaɓen wanda ya fi iya tuƙi ba, da na ɗaga wa kowa.

Yau kwana uku. Ka rubuto ko layi ɗaya.

Mahaifiyarka

*

Banbury, 15 ga Oktoba, 1944

Keziah,

Ina fatan ke da mijinki Enoch kuna lafiya. Wannan ita ce ta uku da nake aikowa, ɗaya ofishin Landan, ɗaya Braunston, wannan kuma Hawkesbury, don ban san inda za ta riske ku ba. Ki zauna kafin ki ci gaba.

Tangaraho ya zo mini ranar biyar ga wata. An ce ba a san inda Reuben yake ba tun ashirin da shida ga Satumba, a ƙasar Holan. Ba a ce ya mutu ba. Ki karanta wannan sau biyu. Gidana ya ba su a matsayin adireshi, don jirgi ba shi da lamba a ƙofa. Kada ki sa wannan a ranki.

Jiya abokinsa Gwilym ya zo da kansa. Yaro ne ƙarami, na zaunar da shi na ba shi shayi. Ya ce sun sauka lafiya. Filin ya riga ya cika da jirage, wasu sun kife, ana harbi daga bakin daji. Harsashi ya fasa gilashin gabansu. Reuben ya ga wata 'yar rata tsakanin jirage biyu, ya cusa su ciki, fiffike ɗaya ya karye, amma mutum ashirin da biyar ɗin duk da ƙafafunsu suka fita. Wani kofur ya sumbaci Reuben a kai. Reuben ya ce masa, "Sauka mini daga jirgi, ka ɓata mini ƙasa da amai."

An ce musu kwana biyu. Suka yi tara a ramuka a wata unguwa kusa da kogi, Jamusawa sun kewaye su ta gefe uku. Sojan da aka ce za su zo ba su iso ba. Abinci ya ƙare a kwana na huɗu. Ya ce Reuben ne ke rarrafawa ya tari ruwan sama a hular ƙarfe ya kai wa masu rauni.

Da aka ce a janye a haye kogi, sai aka ja farin ƙyalle ta cikin daji har bakin ruwa, aka jera direbobin jiragen katako a kan hanyar su nuna wa mutane inda za su bi. Reuben aka sa a kwanar ƙarshe. Duk wanda ya zo sai ya dafa shi ya ce, "Riƙe rigar na gabanka, kada ka saki." Da Gwilym ya iso ya ce, "Ɗan ruwa, taho mu tafi." Ya ce, "Akwai mutane a baya. Je ka kama mini wuri." Gari na wayewa ƙananan jiragen da ke hayar da mutane suka daina zuwa. Waɗanda suka rage, wasu suka faɗa ruwa suka yi iyo, wasu aka kama su.

Gwilym ya ce shi hankalinsa a kwance yake, wai mutumin da aka haifa a kan ruwa ai kogi ba zai gagare shi ba, ƙila ya fito can ƙasa yana ɓoye wajen mutanen gari. Na ƙara masa shayi.

Keziah, ni ban koya masa iyo ba. Ban taɓa barinsa ya je bakin kogi ba, don amana kika ba ni. Ke kin koya masa kafin ki kawo mini shi?

Akwai kuma abin da zan faɗa. Na san jiragen ba sa dawowa. Shi ya roƙe ni kada in gaya miki.

Yayarki,
Beulah

*

Hawkesbury, 29 ga Oktoba, 1944

Yaya Beulah,

Takardarki ta same mu jiya. Muna nan da rai.

Kin daɗe a tudu har kin manta. A jirgi ɗaya aka haife mu. A cikinmu wa ya iya iyo? Babanmu ya iya? Enoch ya iya? Ɗan jirgi ba a koya masa shiga ruwa, hana shi ake yi. Har ya shekara biyar da ɗamara nake ɗaure Reuben a kan rufin ɗaki. Sau ɗaya ya sa ƙafa a ruwa na mare shi, har yau ina jin marin a tafina. Na zaci a makaranta ana koya musu. Ke kin zaci ni na koya. Soja fa? Ki tambayi yaron nan ko soja suna koyarwa.

Na karanta wa Enoch duka, ban tsallake komai ba. Da na kai wajen kwanar ƙarshe sai ya ce, "Ba zai taho ba in akwai na baya." Daga nan ya tashi ya fita. Ya daina goge tagullar jirgi. Mutane suna wucewa su cire hula, ni kuma ina jin haushinsu, don ba a ce ya mutu ba.

Maganar ɓoye mini da kuka yi, ba ni da ƙarfin faɗa yanzu. Kwana ashirin da uku tangarahon nan yana gidanki ni ina tuƙa kwal ina waƙa a raina wai ƙila gobe. Na je ofis na ce a ba mu lodin da zai bi ta wajen Banbury. Suka ce yaƙi ake yi, inda aka ce nan za mu. Na ce a bar mu mu tsaya wuri ɗaya ko mako guda mu jira labari. Suka ce masana'anta na jiran wuta.

Wasiƙuna biyu da na aika masa sun dawo da hatimi a kai. Ban buɗe ba, na san abin da ke ciki.

Duk abin da ya zo, ki aiko shi kansa. Kada ki kwafa, kada ki taƙaita mini. Ina so in gani da idona.

Ƙanwarki,
Keziah

*

Banbury, 8 ga Disamba, 1944

Keziah,

Yana da rai! Yana da rai, ƙanwata!

Ga katin nan a ciki, shi kansa, kamar yadda kika ce. Yau da safe ya zo ta hannun ƙungiyar agaji ta Red Cross. Fursunan yaƙi ne a Jamus. Bugagge ne, irin wanda ake ba kowa, mutum ya soke abin da bai shafe shi ba ya sa suna. Kin ga ya ce yana cikin ƙoshin lafiya. Na fita titi da silifa ina gaya wa kowa, mai kawo madara ya zaci an gama yaƙin.

Na rubuta wa Gwilym. Limaminmu zai ambaci sunansa ranar Lahadi. Da zarar adireshi ya zo za mu haɗa masa ƙunshi, ki fara saƙa.

Ki rungume mini Enoch, ko da zai yi tsaki.

Beulah

*

Braunston, 17 ga Disamba, 1944

Yaya Beulah,

Na gode. Allah ya saka miki. Katin ya same ni ranar Juma'a, ruwa ya fara ƙanƙara, muna fasawa da ƙyar.

Bai shiga kogin ba. Na gode wa Allah a kan wannan, na durƙusa a kan kwal na gode masa.

Amma Yaya, ke da sauri kike karatu. Ni baƙi ɗaya ɗaya nake bi, shi ya sa na ga abin da zan gaya miki.

Layin yana da magana biyu. Ina cikin ƙoshin lafiya. Na ji ɗan rauni. An ce a soke ɗaya. Na kai katin bakin taga. Fensirin bai bi ta kan ko ɗaya ba. Ya faro daga ƙarshen ta farko, ya zame ƙasa, ya tsaya a ƙarƙashin ta biyu. Ban san ko soke ta aka yi niyya ba, ko ja mata layi don a lura.

Sannan sunan. Ba hannunsa ba ne. Ni rubutun mutane ban san shi da yawa ba, amma nasa da shi na koyi karatu. Wasiƙunsa goma sha ɗaya suna cikin gwangwanin shayi, na shimfiɗa su duka a kan tebur. Shi yana rufe cikin R ɗinsa. Wannan a buɗe yake. Kuma an rubuta Roffey da f ɗaya. Ɗana ba zai manta yadda ake rubuta sunan ubansa ba. Wani ne ya rubuta masa, wanda a kunne ya ji sunan.

Me zai hana mutum riƙe fensir ya rubuta kalma biyu? Na lissafa hannu, na lissafa ido, sauran ban yarda na lissafa ba. Na nuna wa Malama Prudence. Ta daɗe tana kallo, ta ce ƙila layin fursunoni ne mai tsawo, mutum ɗaya ya cike wa kowa. Na ce, "Kin yarda da haka?" Ta ce, "Ban sani ba, Keziah."

Kwanan watan da ke kai biyu ga Oktoba ne. Yau mako goma sha ɗaya. Abin da katin ya sani ke nan, yana da rai ran nan.

A ƙasa kuma an buga cewa kada a rubuto sai ya aiko da sabon adireshi. Na tambaya a gidan waya ko akwai inda zan aika duk da haka. Matar ta ce sai dai in jira. Kowa abin da yake ce mini ke nan.

Kada ki gaya wa Gwilym, yaron ya ɗauki abin da ya ishe shi. Ki bar liman ya ambaci sunan.

Enoch ma ban gaya masa ba. Ya tsaya a kaina da hula a hannu ya ce, "Me ya ce? Karanta mana." Na karanta masa ta farko na tsaya. Ya karɓi katin ya juya shi, ya shafa sunan da babban yatsa, ya ce, "Dubi hannun yaron nan. Makaranta ba ƙarya ba." Ya fita ya goge tagulla duka cikin sanyin nan, yana fito.

Yanzu katin yana aljihun rigarsa. Duk ƙofar da muka tsaya sai ya tako zuwa jirgina ya miƙo mini ya ce in sake karanta masa. Yau sau huɗu. Gobe akwai ƙofofi goma sha uku a gabanmu.

Ƙanwarki,
Keziah